Baba, Don Allah Ka Matsa

Yau kwana uku ke nan, amma har yanzu ko wayar wani ce ta yi "tit" a kusa da ni sai gumi ya karyo min. Gara in rubuta abin da kaina tun da wuri, don na ji an ce a labarin da mai gadinmu yake bayarwa a bakin masallaci har aljanu bakwai sun shigo ciki.

Motar ba tawa ba ce. Prado ce ta Yayana, 'yar Kwatano, ƙirar 2007, irin mai goye da safayar taya a ƙofar baya. Zai tafi Umara ya bar min makulli, ya ce in riƙa ɗumama ta. Ni kuwa na ɗumama ta har ƙauyenmu da ke bayan Rano, a tsakiyar markar Agusta, ina kutsa laka ina ɗaga wa mutane hannu kamar mai neman kujerar ciyaman. Washegarin dawowata na sa ribas zan fita, sai mota ta ɓare baki: tiiiiii, ba ko numfashi. Na duba madubi, babu komai. Na fito na zagaya, ko kaza babu.

Matata ta leƙo ta ce, "Ka kai ta wanki mana, ji bayanta kamar an yi yaɓen katanga." Na ce mata wannan harkar lantarki ce, ba ta ruwa da sabulu ba.

A daren na zama injiniya a YouTube. Ashe 'yan maɓallan nan huɗu da ke jere a bambar baya, waɗanda masu wayarin ke kira sensa, dabarar jemage suke yi. Kowacce tana fitar da sauti mai kaɗawa wajen sau 40,000 a daƙiƙa, alhali kunnen ɗan Adam bai wuce 20,000 ba, sannan ta saurari dawowar amonsa. Sauti yana gudun kimanin mita 340 a daƙiƙa, don haka idan bango yana nisan mita 1, zuwa da dawowa bai fi kashi 6 cikin 1,000 na daƙiƙa ba. Wani ɗan akwati da ke ɓoye a but shi ke lissafin. Daga wajen mita ɗaya da rabi yake fara tit... tit... a hankali, yana ƙara sauri kana matsawa, in ya rage kamar santimita 30 sai ya haɗe kukan ya zama ɗaya. Duk bidiyon da na kalla sai da ya ce laka ko busasshen taɓo a fuskar sensa kan sa ta ƙarya, a fara wankewa tukuna. Wannan wurin nake tsallakewa, don na san wa zai yi wa daɗi.

Ranar Alhamis na shiga Ƙofar Ruwa na sayo sabon saiti: sensa huɗu, akwatinsu, da ɗan abin kukan. Kuɗin ba zan faɗa ba. Ranar Juma'a ana sakkowa daga masallaci na tuɓe babbar riga, na saura daga ni sai singileti da wani wando da ya ga jiya ya ga yau, na shimfiɗa tabarma a bayan mota. Ɗana mai shekara 13 na ɗora a kujerar direba. Aikinsa ya murɗa makulli ba tare da ya tayar da inji ba, ya danne birki, in na yi ihu ya sa ribas.

Nan fa mai gadi ya jawo bencinsa. Tsohon direban babbar mota ne, ya ce shekara da shekaru yana kai shanu Legas, kuma duk unguwa Baba muke ce masa. Shi ya ɗauko dutse ya tokare taya ba tare da an sa shi ba, kuma iyakar amfanin da ya yi ranar ke nan.

"Wai me take cewa ne?"

"Cewa take akwai abu a bayanta, Baba."

"To akwai."

"Babu komai. Na duba."

"Kai ne dai ba ka gani." Ya ɓare goro ya jefa baki. "A ƙauyen nan ina ka ajiye ta?"

Na ce gindin wata tsamiya. Ya tambaya ko da magariba ne. Na ce kusan haka. Ya gyaɗa kai irin na likitan da sakamakon gwaji ya tabbatar masa da abin da ya sani tun ɗazu. Ya ce jaki ma in ya toge a hanya, jahili ne ke cewa taurin kai. Turawa sun ƙera abin da ke jin abin da kunne ba ya ji, ni da bakina na faɗa, to don me zan yi mamaki in ya jiyo mutanen ɓoye? Maganinta garwashi da turare, a tura kaskon ƙarƙashinta ta sha hayaƙi. Na nuna masa cewa daidai nan tankin fetur yake. Ya ce ai ba wuta za a sa ba, garwashi ne.

Na shige ƙarƙashin bamba na turo tsofaffin sensa waje ɗaya bayan ɗaya, busasshiyar laka tana zubo min a ido. Ramukan milimita 22 ne, sababbin suka shige daram. Wayoyin an rubuta musu A, B, C, D, na jera su daga hagu zuwa dama. Jar waya na haɗa da ta fitilar ribas, don daga nan abin ke samun wutarsa ta bolt 12, baƙa kuma na ɗaure a jikin ƙarfe. Na naɗe da salatif, na fito na tsuguna a gabansu ina kallon aikin hannuna.

"Sa ribas!"

Tiiiiii.

"Ka ɗan buge ta da sifana," in ji Baba. "Kikina na da, in ya ƙi tashi, duka biyu yake so."

Ban kula shi ba. Na zaro ɗaya na juya bayanta, sai ga 'yar kibiya mai nuna sama. Fuskar sensa a ɗan karkace take, don ta kalli gaba ba ƙasa ba. Duk huɗun na kifa su, sun zuba wa simintin gidanmu ido suna kai ƙararsa. Na gyara su. Na koma na tsuguna. Na yi ihu. Tiiiiii.

Baba ya ce shi duk wannan wahalar ba ta da dalili. A zamaninsu sensa tuwo take ci. Yaron mota ne zai dira ya zagaya baya, yana dukan bodi yana "Taho, taho, taho, ya isa!" Bai taɓa jin yaron motar da laka ta toshe ba. In ya yi ƙarya ka hana shi kuɗin abinci, gobe ya gyaru. Wannan fa, me za ka hana ta? Ya ce akwai jikansa da ya gama sakandare yana zaune, in ina so a riƙa sa shi a but, buhun masara ɗaya a wata ya ishe shi. Ya faɗi haka ne ba da wasa ba, har yana lissafin ranar da yaron zai fara.

Na tuna wani bidiyo ya ce a irin waɗannan motocin na shiga daji, sensa biyu na tsakiya kan ɗauki safayar taya ko ƙugiyar ja a matsayin bango. Ban tsaya tunanin cewa tayar nan tana wurin shekara da shekaru tsofaffin ba su taɓa ƙorafi ba. Na kwance ta. Ta faɗo min a ɗan yatsa, ta gangara ta daki get. Na dawo ina ɗingishi na tsuguna. Tiiiiii.

"Wai kukan ne ya dame ka?" in ji Baba. "To yanke wayar kukan mana. Ta ci gaba da ganin abinta a zuci."

Saura gwaji ɗaya. Sensa mai rai, in ka manna mata kunne, za ka ji tana ɗan tas-tas-tas kamar agogon hannu; wadda ta mutu shiru take. Na durƙusa, gwiwa biyu da tafin hannu biyu a ƙasa, na manna kunci a bamba. A tana yi. Na rarrafa. B tana yi. C tana yi. Na iso kan D, ta ƙarshen dama, wadda a saitinta na bar ɗan abin kukan yana lilo a cikin but, yana tsala ihu ta cikin ƙarfe kai tsaye zuwa ƙwaƙwalwata. Ba na jin komai. Na rufe ido. Na toshe ɗaya kunnen da yatsa. Na fara lallashinta, kuma Allah Ya sani da murya na yi, ba a zuci ba: "Haba 'yar nan, 'yan uwanki duk sun yi magana. Yi min magana mana. Haba ta wajena."

Sai na ji inuwa ta rufe ni, da wata murya sama-sama a kaina. Na share. Muryar ta sake. Na share. A karo na uku haƙurin awa uku ya ƙare, na buɗe baki ba tare da na buɗe ido ba:

"Baba, don girman Allah ka yi min shiru! Tun ɗazu ka cika ni da surutun banza. Ka matsa daga nan, kai ne ma kake sa ta kuka!"

Na buɗe ido a kan takalmi.

Na san takalmin nan. Baƙi ne, sau-ciki, lamba 43. Ni na saye shi da ƙaramar Sallah, na sa aka naɗe shi a leda mai kyau, na kai har gida na durƙusa na miƙa. Sama da takalmin akwai farar shadda mai aiki, sama da ita carbi, sama da carbin kuma fuskar mahaifin matata. Tsohon hedimasta ne, mutumin da a shekara 15 da na yi ina auren 'yarsa ban taɓa haɗa ido da shi ba, ban taɓa cin abinci a gabansa ba, ban taɓa barin muryata ta fi tasa ba. Daga ɗaurin aure suke, shi da aminansa biyu, suka ce bari su biyo su ga jikoki. Muryar da na ji sau uku sallama ce.

Kwana ukun nan na kwance jimlar nan na ɗaura ta fi sau ɗari, ina neman ƙofar da zan fita. Babu. Da na ce "Malam" ko "kai mai gadi", da an gane kuskure ne. Amma Baba na ce, kuma Baba nake ce wa surukina. "Don girman Allah" ya fito da kyau, da ma a nan na tsaya. "Ka yi min shiru" wataƙila a yafe wa mai zazzaɓi. "Surutun banza" kuwa, sallama ce fa, sau uku, yadda sunna ta koyar. Sannan na rufe da tuhumarsa da laifin lalata motar da ko tawa ba ce. Duk wannan a singileti, fuska ta yi fari fat da laka, ɗuwawu sama, kuma daƙiƙa kaɗan bayan sun tsaya sun ji ni ina ce wa bamba "ta wajena".

Abu ɗaya ne ya zo da sauƙi: ba sai na durƙusa gaisuwa ba, da ma a durƙushe nake.

Na buɗe baki in ce sannu da zuwa, abin da ya fito shi ne "Wa alaikumus salam", wadda ta makara da sallama uku da zagi ɗaya. Ɗaya daga cikin aminan ya juya yana nazarin katangarmu kamar zai saya. Ɗayan ya kama tari. Ɗana, wanda ya hango kakansa a madubi tun shigowarsu, bai ce min komai ba saboda na gargaɗe shi kada ya kuskura ya ɗaga ƙafa daga birki ko ya yi magana. Ranar ce rana ta farko a rayuwarsa da ya bi umarnina gaba ɗaya. Motar kuwa ba ta fasa ba. Tiiiiii, a kan shirun mutum shida.

Na ɗaga ido wajen mai gadi, ko zai ce ai da shi nake. Kalma huɗu kawai nake nema. Ya tashi daga benci, ya cire hula, ya russuna ya gaida baƙi, sannan ya ce, "Alhaji, a yi masa uzuri. Tun azahar yake magana da su. Na ce a yi hayaƙi ya ƙi."

Surukina bai ce uffan ba. Ya ja da baya taku ɗaya, ya ƙara ɗaya, ya ƙara na uku, a natse, irin na wanda aka ba umarni yake cikawa. Ya tsaya can gefe ya harɗe hannu a baya. Motar ta ci gaba da kuka.

Ni kuma, da ƙasa ta ƙi tsagewa, na fara ja da baya da rarrafe don in ba su hanya. Taku biyu, sai kukan ya tsinke: tit-tit-tit-tit. Na ƙara ja. Tit... tit... tit. Na kai bakin tabarma, wajen mita biyu daga bamba.

Shiru.

Tun lokacin da na juya kibiyoyin nan sama aikin ya gama. A, B, C, har da D baiwar Allah, lafiyarsu ƙalau. Awa guda suna faɗa min gaskiya, cewa akwai wani abu santimita kaɗan a bayan mota.

Surukina ya dubi motar, ya dube ni. Ya sunkuya ya ɗauki tsohuwar sensa ɗaya daga kan tabarma, ya kankare fuskarta da farce, ɓawon laka ya faɗo, ta fito tas kamar sabuwa. Ya ajiye ta inda ya ɗauka. Da muryar da yake kiran sunayen ɗalibai ya ce, "To, ni dai na matsa ba ta daina ba." Ya wuce cikin gida, aminansa na biye.

Mai gadi ya koma bencinsa ya gyara zama.

"Ai na faɗa maka akwai abu a bayanta."