Dune a Ɗakin Haya: Gwajin Sifika ko Gwajin Maƙwabta?

Duk wanda ya kinkimo sabbin sifikoki daga kasuwar Alaba zuwa Agege, burinsa ya samu fim ɗin da zai nuna wa duniya cewa kuɗinsa ba su tafi a banza ba. Masana sauti kan ce a kunna Dune na 2021, wanda Denis Villeneuve ya sake shiryawa bayan na David Lynch na 1984. Hujjarsu tana da ƙarfi, domin fim ɗin ya lashe kyautar Oscar shida a 2022, har da ta sauti da ta kiɗan Hans Zimmer. Ni dai ina ganin wannan shawara, a gidan hayar da ƙofa ke kallon ƙofa, tsokanar faɗa ce tsagwaronta.

Matsalar tana cikin tazarar da ke tsakanin raɗa da tsawa. Mutanen Dune da ƙyar suke buɗe baki, rabin zancensu raɗa ne. A Agege kuwa janaretan maƙwabci na kuka, jirgin ƙasa na busa, jirgin sama na saukowa filin Murtala Muhammed, mai burodi na talla. Dole ka yi ta ƙara murya har ka ji abin da Paul, jarumin fim ɗin, ke faɗa wa uwarsa. Kana cikin haka sai ƙatuwar tsutsar fim ɗin ta faso yashi: kwanon rufi ya ɗauki rawa, kofin shayi ya bar kan teburi, jaririn ɗakin kusa ya tsandara ihu, mai gidan haya ya fito da ɗaurin ƙirji yana tambayar ko taransifoma ce ta fashe. Abin da ka gwada a nan haƙurin jama'a ne.

Wani zai ce a rage murya. To, sai ka shafe minti 155 kana kallon mutane suna motsa leɓe a cikin rairayi. Wani zai ce a koma wa na 1984, alhali shi har tunanin zuci da raɗa ake karanto shi. Mai cewa a toshe kunne da iyafis kuwa, sai ya fara faɗa mana amfanin sifika biyar da aka biya wa kuɗin mota.

Fim ɗin ya yi kyau, ban musa ba. Amma kafin ka kunna shi a Agege, ka fara kai wa maƙwabta goro.