Dakta, Gida Biyu Ka Saya, a Ɗaya Za Ka Kwana

Bawana na Zazzau, na ga hoton. Ka sha babbar riga, ka karkata hula, ka ɗaga makulli sama kamar wanda ya ciyo kofi, a ƙasa ka rubuta wai daga yau kai ma ka zama mai gida. Na taya ka murna, har na yi maka addu'a, don ko bawan mutum ne ya samu ci gaba ai ubangidansa ake yi wa barka. Sai dai da na kira ka na ce nawa gidan ya tsaya maka, ka amsa da wannan muryar taku ta masu lacca: "Miliyan 15 kacal na ranta, ruwan ma kashi 6 ne." Da na ce to gaba ɗaya nawa za ka biya kafin a sallame ka, sai na ji shiru, har na ɗauka sabis ne ya ɗauke. Ashe Dakta ne ya ɗauke.

Abin da ya sa na ɗauko alƙalami ke nan. Ku Zage-zagi kun cika mana kunne da cewa garinku birnin ilimi ne, mu Kanawa ba mu san komai ba sai ƙirga kuɗi. To yau ga ranar masu ƙirga. Yaron shagon da ke Kantin Kwari, wanda bai gama firamare ba, ba ya karɓar atamfa bashi sai ya san ranar biya da abin da za a ɗora masa. Kai kuwa da digiri uku ka sa hannu a takardar shekara 25, abin da ka riƙe a ka kawai shi ne abin da za a cire a wata.

Bari in yi maka adalci tukuna, don mu ba mu zaluntar bayinmu. Ba ka shiga mummunan wuri ba. Asusun Gidaje na Ƙasa da aka kafa a 1992, wanda ake yankar maka kashi 2.5 na albashi saboda shi kana ta gunaguni, shi ne ya ba ka wannan lamuni ta hannun bankin jinginar gidaje, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ne ke riƙe da asusun. Kashi 6 a shekara, wa'adi har shekara 30 ga mai ƙuruciyar da za ta kai shi. Kai da yake ka kai 35, aka ba ka 25. A Najeriyar yau wannan kusan sadaka ce. Amma sadakar ma ai ana buɗe ƙunshin a ga abin da ke ciki.

Ga abin da ke ciki. Kowane wata za ka biya naira 96,645. Watanni 300 ne a shekara 25. Ka buga a wayarka, in kuwa lissafin ya fi ƙarfin sashenku ka ba ɗalibi ya buga maka: kusan naira miliyan 29 ne. Ka karɓi 15, za ka mayar da 29. Gida biyu ka saya, Dakta. Ɗaya za ka kwana a ciki, ɗayan kuma ko adireshinsa ba za a ba ka ba.

Na san abin da ya ruɗe ka, don ya ruɗi waɗanda suka fi ka. Kunnenka ya ji "kashi 6", zuciyarka ta lissafa kashi 6 na miliyan 15, ta samu 900,000, ta ce ai wannan ba komai ba ne. Dubu ɗari taran nan gaskiya ce, amma kusan ta shekarar farko ce kaɗai. Ruwan ba sau ɗaya ake ɗora shi ba. Duk wata sai an duba abin da ya rage a kanka na uwar kuɗi, a cire rabin kashi ɗaya cikin ɗari nasa a matsayin ruwa, sannan abin da ya yi saura daga biyanka shi ne zai taɓa bashin.

To duba watan farko, nan abin dariyar yake. Ana binka miliyan 15. Rabin kashi ɗaya nasa 75,000 ne. Daga 96,645 ɗin da aka zare daga albashinka, 75,000 ta tafi ruwa, 21,645 ce kawai ta rage bashin. Kamar tukunyar faten da kuke alfahari da ita ce: ka zuba cokali ka juya ka juya, ruwa ne da ganye, tsakin sai an yi sa'a. Ka shekara kana biya, ka zuba naira miliyan 1 da dubu 160, bashin ya ragu da dubu 267. Wato in muka je gidan nan bayan shekara guda muka ce nuna mana abin da biyanka ya saya, ƙyauren ƙofar falo za ka dafa, wataƙila da tagar banɗaki.

Ka ɗauka abin zai yi sauri daga nan? Bayan shekara 10 cur, ka biya miliyan 11 da dubu 600, kuma ana binka miliyan 11 da dubu 450. Karanta wannan layin sau biyu. Ka biya kusan daidai abin da har yanzu ake binka. Sai ka shiga shekara ta 14 kafin kason da ke cin uwar kuɗi ya fi kason ruwa a biyan wata, kuma rabin bashin ba zai faɗi ba sai dab da cikar shekara 17. Lokacin jaririn da aka yi wa suna a gidanku bana yana shirin jarrabawar shiga jami'a, furfura ta gama da gemunka. Shekaru takwas na ƙarshe su ne bashin ke zubewa kamar ginin ƙasa a damina. Mu a Kano muna cewa hangen Dala ba shiga birni ba. Makullin da ka ɗaga a hoto hangen Dala ne.

Ba wai banki ya yi maka wata ƙumbiya-ƙumbiya ba. Haka lissafin yake ko a Landan ko a Samaru: bashi yana da yawa a farko, don haka ruwansa yana da yawa a farko. Akwai takarda da ake kira jadawalin biya, layi 300, kowane layi ya nuna ruwa nawa, uwar kuɗi nawa, saura nawa. Na tabbata an ba ka, na kuma tabbata tana cikin jakar nan taka tare da takardun jarrabawar ɗalibai da ba ka duba ba tun zangon bara.

Miliyan 29 ɗin ma ba ita ce ƙarshen zance ba. Ka manta abin da ka zuba daga aljihunka kafin a ba ka ko kwabo. Ka manta lauya, da mai kimanta darajar gida, da kuɗin sarrafa takardu, da harajin hatimi, da rajista. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a jinginar da fili mai takardar mallaka sai da amincewar gwamna, amincewar kuma ba kyauta ake buga mata tambari ba. Ga inshorar gobara da ta rai, waɗanda za su bi ka shekara bayan shekara. Kuma da kana haya, in rufi ya yi yoyo mai gida kake kira kana ɗaga murya. Yanzu in ya yi yoyo madubi za ka duba. Takardar mallakar kuwa tana can a ajiye wurin masu bashi, kai hoton makulli ne rabonka.

Sannan ka tuna 2022. Daga Fabrairu zuwa Oktoba ku malaman jami'a kuna yajin aiki, wata takwas, albashi ya tsaya cak, har ka zo Kano ka ci tuwona kwana uku kana yi min bayanin 'yancin jami'a. Bashi ba ya shiga ƙungiya, ba ya yajin aiki. Da a lokacin kana ɗauke da wannan lamuni, wata takwas sau 96,645 ya haura dubu 770. Ka fara ajiye wani abu gefe saboda irin wannan rana, ko da adashi ne da matan unguwa.

Yanzu ga inda Bakano zai yi maka amfani. Tun da ruwa a kan ragowar bashi ake lissafa shi, duk nairar da ka jefa wa uwar kuɗi da wuri ta kashe ruwan da za ta haifa har ƙarshen wa'adi. Ƙara 10,000 kawai a wata, kuɗin da kake kashewa a tsire da lemo in an yi albashi. Bashin zai ƙare a shekara 20 da 'yan watanni maimakon 25, kuma kusan miliyan 3 za ta tsira a aljihunka. Da a ce tun farko shekara 15 ka zaɓa, biyan wata zai zama 126,579, jimla miliyan 22 da dubu 800, ragin sama da miliyan 6. Na san albashin ba zai ɗauka ba, don su ma masu ba da lamunin ba sa yarda biya ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum ke samu. Amma kafin ka fara ƙarin, je ka tambaye su da baki, su kuma rubuta maka: in na ƙara, uwar kuɗi za a rage ko ajiye min za a yi a matsayin biyan wata mai zuwa? Akwai tara in na biya da wuri? Kada ka je kana yi musu turanci, tambaya biyu ce.

Ka kuma gode wa Allah ba bankin kasuwanci ka faɗa ba. Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 a ƙarshen 2024, don haka a lokacin bankuna ba sa ba da irin wannan bashi ƙasa da kashi 20 da wani abu. Mu ce 24, shekara 10. Miliyan 15 ɗin nan taka za ta ci 330,000 da ɗoriya a wata, 300,000 daga ciki ruwa ne a watan farko, jimla kusan miliyan 40. Da ka sayar da littattafanka da babur ɗin da kake kira mota.

Maganar halasci kuwa ba zan yi maka fatawa ba, garinku cike yake da malamai, ka shiga cikin birni ka zauna gaban ɗaya ka faɗa masa gaskiya ruwa ne a ciki. In ka ce za ka koma bankin Musulunci, irin su Jaiz da suka fara aiki a 2012, can za su sayi gidan su sayar maka da riba sananniya, ko su yi tarayya da kai kana biyan haya kana sayen kasonsu kaɗan-kaɗan. Hukuncin ya bambanta, amma can ma kada ka fito sai ka ji jimlar da za ka biya daga farko har ƙarshe. Wanda ya jira kuɗinsa shekaru ba ya sayarwa a farashin mai biya nan take.

Saura wata magana da na so in haɗiye, amma gwano ba ya jin warin jikinsa, gara in faɗa kafin ka faɗa. Ni da nake yi maka dariya na ƙi bashi, na ce bulo-bulo zan gina nawa. Na fara a 2019, buhun siminti bai kai 3,000 ba. A farkon 2024 na je saye aka ce min ya kai 10,000, na tsaya ina kallon mai shagon kamar ya zagi mahaifina. Ginin yana nan a linta, ƙadangaru sun tare, akuyar maƙwabci ta haihu sau biyu a ɗakin da na ce na uwargida ne, ni kuma ina biyan haya ana ƙara min duk shekara. Hauhawar farashi ta haura kashi 34 a Disambar 2024, kai kuma an ɗaure naka a kashi 6. In naira ta ci gaba da ramewa, 96,645 ɗin da ke ƙona ka yau nan da shekara 15 ƙila kuɗin cefanen mako ne. Mafi ƙarancin albashi 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya zama 70,000 a 2024. Biyanka kuwa yana nan inda yake. Ma'ana miliyan 29 ɗin da na tsorata ka da ita ba duka da nairar yau za ka biya ta ba.

Kada ka yi saurin gyara hula. Wannan garaɓasa tana aiki ne in albashinka ya bi farashi, kuma kai ka fi ni sanin yadda albashin malamin jami'a ke tafiya, kamar jakin da aka yi wa lodin yashi. In shinkafa da kuɗin makaranta suka ninka, albashi bai motsa ba, bashin bai ƙaru ba amma abin da za ka biya shi da shi ya ƙanƙance. Kuma ko ka ci riba a wannan ciniki, ba da saninka ka ci ba. Makaho ne ya taka kuɗi a hanya, bai kamata ya buɗe makarantar koyar da tsintuwa ba.

Ranar Asabar ina tafe. Ka nemo jadawalin nan ka karkaɗe masa ƙura, mu bi shi layi-layi da jan biro, in nuna maka watan da za ka mallaki kicin. A ce wa amarya ta sa tsaki da yawa a faten, kada a yi min irin na watan farko. Tabarmata zan taho da ita in shimfiɗa a bakin ƙofa, don ban saba shiga falon mutane ba da izinin mai shi ba, kuma ban san a wane reshe manajan bankin yake ba.