Afdet Kyauta Ne, Sai Dai In Kai Ka Ga Damar Biya

Ma'abota gardama, sarakunan "kai, ba na jin haka ne." Ku gyara zama, yau da ku nake. Magana ɗaya zan faɗa, kuma na san kafin in rufe bakina wani ya riga ya taɓe nasa: sabunta wasan gem a kan PlayStation ko Xbox ko Nintendo Switch ba ya buƙatar ka biya kamfani kuɗin wata. Ko sisin kwabo. Ka sa faifanka, ka haɗa na'urarka da intanet, afdet ya sauka, ka ci gaba da lallasa ƙaninka a ƙwallo.

Ga Bakano can baya yana girgiza kai. Allah ya huci zuciyarka, ɗan kasuwa. Na san tun da aka haife ka ba ka taɓa ganin abin da ake bayarwa kyauta ba sai zafin rana da shawara. Ka ce ruwa ba ya tsami banza, Bature ba zai ƙera na'ura ya ba ka abu ba tare da ya laluba aljihunka ba. To, da farko dai Sony da Nintendo na Japan ne, Microsoft ce ta Amurka. Na biyu kuma, ban ce don Allah suke yi ba. Don rufin asirin kansu suke yi.

Ka kai wa tela shadda, ya ɗinka maka riga, hannu ɗaya ya fi ɗaya tsawo. Ka mayar masa ya gyara. Zai ce ka kawo kuɗin gyara? In ya faɗa, a layin nan ya gama sana'a. Akasarin afdet haka yake: kamfani ne ke ɗinke ɓarakar da ya sayar maka. A Disamba 2020 kamfanin CD Projekt na ƙasar Poland ya fitar da Cyberpunk 2077. A kan PS4 wasan ya zo da kurakurai har Sony ta cire shi daga shagonta, ta mayar wa mutane kuɗinsu, bai koma ba sai Yuni 2021. A tsakanin nan gyara ake ta turowa, ɗaya bayan ɗaya. Ka ga kamfanin da ke cikin wannan tsaka mai wuya zai buɗe baki ya ce a biya kafin a karɓi gyara?

Abin da ke rikita ku shi ne kun zuba abubuwa uku a tukunya ɗaya kun dama. Akwai intanet, wato datar da kake saya wajen kamfanin layinka. Akwai asusu, wato rajistar sunanka da imel ɗinka, kuma buɗe shi kyauta ne a wajen kamfanonin nan uku. Sannan akwai kuɗin wata: PlayStation Plus, ko Game Pass, ko Nintendo Switch Online. Afdet yana buƙatar na farkon dole. Na biyun, wani lokaci. Na ukun kuwa babu ruwansa da shi.

"To asusun fa? Ai ka ce wani lokaci." Na ji ka, Malam, saurin me kake yi? In wasanka na faifai ne a kan PS4 ko PS5, na'urar tana sauke gyaransa ko ba ka shiga asusun PSN, wato asusun intanet na Sony, ba. Ka tsaya a kan hoton wasan, ka danna maɓallin Options, ka zaɓi layin duba sabuntawa, shi ke nan. Switch ma haka take da wasannin ɗan katinta. Nintendo har ta ƙara da wata dabara: in abokinka ya riga ya sabunta wasan a tasa na'urar, ku zauna kusa da juna, taka ta kwafa daga tasa ba tare da intanet ba. Xbox ce mai tsattsauran ra'ayi. Sababbinta sai an haɗa su da intanet ranar da aka fara kunna su, kuma kusan komai a kansu da asusun Microsoft yake tafiya. Amma shi ma asusun ba a sayar da shi. Wasan da ka saya ta shagon intanet kuwa, a kowace na'ura, da asusunka yake ɗaure, don asusun shi ne rasit ɗinka.

Ita kanta manhajar na'urar, wadda ta sha bamban da gyaran wasa, ana iya sabunta ta da filash. Sony tana ajiye fayil ɗin a shafinta, kowa ya ɗauka. Ka sauke a kwamfuta, ka buɗe folda mai suna PS4, a cikinta ka buɗe wata mai suna UPDATE, ka saka fayil ɗin, ka soka a na'ura. Babu wanda zai tambaye ka katin banki.

Sai wani ya ɗaga hannu: "In haka ne, me mutane ke biya wa duk wata? Sadaka suke yi?" Madalla, yau dai ka yi tambaya mai ma'ana. Babban abin da kuɗin wata ke saya maka shi ne damar karawa da wasu ta intanet: kai kana Zariya, abokin karawarka yana Maraɗi ko Landan. Microsoft ce ta kafa wannan al'ada da Xbox Live a 2002. Sony ta buɗe PSN a 2006, kuma duk zamanin PS3 karawa ta intanet kyauta ce. Da PS4 ta fito a 2013 sai aka sa mata shinge, aka ce sai mai PlayStation Plus. Nintendo ta bi sahu a Satumba 2018, da dala 20 a shekara. A 2023 Sony ta ɗaga kuɗin shekara na matakin farko a Amurka daga dala 60 zuwa 80. Ka buga wannan da canjin naira, ka ga dalilin da ya sa nake so ka san abin da kake saya kafin ka saya.

Bayan karawa, akwai wasannin da ake ba masu biya. Ku lura, aro ne. Ranar da kuɗinka ya ƙare, za ka ga ɗan kwaɗo a kan hoton wasan, sai ka sake biya ya buɗe. Akwai kuma ajiye ci-gaban wasanka a rumbun kamfani, don kar na'ura ta lalace wahalarka ta bi ruwa. Sony da Nintendo sai mai biya suke yi wa wannan, Microsoft kuwa kyauta take yi wa kowa.

Shingen karawar ma yana da ƙofar baya. Wasannin da ake saukewa kyauta, irin su Fortnite da Apex Legends da Call of Duty: Warzone, ana buga su da mutane a kan PlayStation ba tare da Plus ba. Xbox ta daɗe tana karɓar kuɗi a kansu, sai a Afrilu 2021 ta sakar wa mutane mara. Asusu dai suna buƙata, da data mai ƙarfi, da haƙurin jure zagin yaron da ba ka san ƙasarsu ba.

Yanzu bari in ba ku naku haƙƙin, kar ku ce na yi muku fin ƙarfi. Zarginku yana da tushe. Lokacin da aka fara PlayStation Plus a 2010, cikin abin da aka yi tallarsa da shi akwai cewa PS3 ɗin mai biya za ta tashi da kanta ta sauke gyara yana barci. Wanda bai biya ba shi ma yana samun gyaran, sai dai sai ya kunna wasan ya zauna yana kallon layi yana rarrafe. Sauƙi aka sayar, gyaran kansa na kowa ne. Amma labari in ya bi ta bakin mutum goma, ba ya isa da kamanninsa. A 2013 kuma Microsoft ta sanar cewa Xbox One sai ta leƙa intanet kowane awa 24, in ba haka ba wasa ya tsaya. Duniya ta yi mata ca, ta janye tun na'urar ba ta shiga kasuwa ba. Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma gudu yake. Na yarda. Amma shekara nawa ke nan, har yanzu kuna gudu?

Wani wurin da ake zamewa shi ne bambancin gyara da ƙari. Mu koma kan Cyberpunk ɗin nan. A Satumba 2023 kamfanin ya saki babban afdet mai lamba 2.0 kyauta ga masu sababbin na'urori, kuma a watan ya fitar da sabon babi mai suna Phantom Liberty, na kuɗi. Na farko gyaran abin da ka riga ka saya ne, na biyu sabon kaya ne. Masoya ƙwallo, ku ma ku saurara. Tun 2023 wasan FIFA ya koma EA Sports FC, kuma duk shekara sabo ake fitarwa. Babu afdet ɗin da zai mayar da na bara ya zama na bana, ko ka kwana kana danna maɓalli. Sabunta jerin 'yan wasa, don ɗan wasan da ya sauya kulob ya bayyana da sabuwar rigarsa, yana buƙatar asusun EA, shi ma kyauta. In wasan ya tsufa sai su daina turowa, ka zauna da 'yan wasanka kamar yadda aka bar maka su.

To ina kuɗin ke tafiya? Don na san aljihunku ba ƙarya yake yi ba. Data, 'yan'uwa, data. Gyaran manyan wasanni irin Call of Duty yakan kai gomman gigabait. Wanda ke zaune inda ake biyan intanet ɗin gida sau ɗaya a wata ba iyaka, ko a jikinsa. Mu da muke kunna hotspot ɗin waya muna leƙa ragowar data kamar mai gadin tukunya, mu ne muka san zafin. A Janairu 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanonin waya a Najeriya su ƙara kuɗi har zuwa kashi 50 cikin ɗari. Ga wutar NEPA da ke jira sai layi ya kusa cika ta ɗauke. Ga PS4 da kan nemi fili mai yawa a rumbunta kafin ta kwafe gyaran, har sai ka goge wani wasan. Duk wannan kuɗi ne da wahala, amma ko kwabo bai shiga aljihun Sony ba.

Saboda haka in mai shagon gem ya ce ka kawo kuɗin afdet, ba lallai ne cuta ba. Datarsa ce, man janaretansa ne, lokacinsa ne, halak ɗinsa yake ci. In dai ya ce kamfani ne ke karɓa, ka dube shi ka yi murmushi, ka tambaye shi lambar rasit.

Akwai tarko biyu da suka fi kama mutanenmu. Shekara da shekaru Najeriya da Nijar ba sa cikin jerin ƙasashen da ake zaɓa wajen buɗe asusun PSN, shi ya sa rabin samarin unguwa a takarda mazauna Amurka ne ko Ingila, alhali ko Legas wasu ba su taɓa zuwa ba. Gyaran wasa bai damu da wannan ba, lambar faifanka yake bi. Ƙari na kuɗi ne ke da tsirfa: in faifan na yankin Turai ne, asusun kuma na Amurka, kana iya sayen ƙarin ya ƙi hawa. Tarko na biyu shi ne wasannin da ake loda maka da asusun wani. Suna da araha, amma rasit ɗin ba naka ba ne. Ranar da mai asusun ya cire na'urarka daga rajistarsa, kwaɗo zai bayyana, kai kuma ka fito kana cewa afdet ne ya ɓata maka gem.

Masu na'urar da aka yi wa kutse kuwa, na ga kun yi tsit kamar ruwa ya ci ku. Ku ne kuka fi kowa yaɗa cewa afdet bala'i ne. A wajenku gaskiya ne, don sabuwar manhaja tana toshe ramin da aka bi aka shiga, wasannin da aka loda su daina tashi. Sai dai wannan ba laifin kuɗin wata ba ne. Ku faɗi ainihin ciwonku, a daina tsorata bayin Allah.

Alhaji da Hajiya, ku na ajiye wa ƙarshe, don ku ne ake tatsa. In yaro ya zo da murya ƙasa-ƙasa ya ce gem ɗinsa ya tsaya, sai an biya dala kafin a sabunta, ku ce ya kawo na'urar falo. A haɗa ta da intanet a gabanku, a danna duba sabuntawa. In abin da yake so karawa ce da abokansa ta intanet, ya faɗa da sunanta, a zauna a yi ciniki, a haɗa da sakamakon jarrabawa.

Kai kuma da har yanzu kake cewa "sai na gani," ban hana ka ba, gani ya kori ji. Ka samo faifan da ba a taɓa sawa a na'urarka ba, ka fita daga asusunka, ka haɗa PS4 ɗinka da intanet, ka sa shi. In ta nemi kuɗin wata kafin ta sauke gyara, tsiren yammacin nan a wuyana, har da lemo. In ba ta nema ba, kai za ka saya. Kuma datar gwajin taka ce, kar ka ce ban faɗa maka ba.