Daga Shafi na 46 Sai Shafi na 1

Duk wanda ke zaune kusa da ƙofar babbar makaranta ya san kakar kundi ba sai an gaya masa ba. Ko a Kabuga kake a Kano, ko a Samaru ta Zariya, ko a gefen Jami'ar Abdou Moumouni a Yamai, alamun ba sa canzawa. Janareta ba ya hutawa, mai fotokwafi ya daina amsa sallama da kyau, 'yan ajin ƙarshe suna kai-komo, kowa da filash a aljihu da jajayen idanu. Mu na layin shagunan buga takardu da masu kawo mana aiki mun daɗe da zama dangi, kuma kamar kowane dangi muna da rigimar da ba ta ƙarewa. Tamu ita ce lambar shafi.

Abin da makarantu ke nema bai taka kara ya karya ba. Shafukan farko, wato na take, da amincewa, da sadaukarwa, da godiya, da tsakure, da ƙunshiya, su ɗauki ƙananan lambobin Romawa: i, ii, iii. Shafin take a ƙirga shi amma kada lambarsa ta fito. Da an shiga babi na ɗaya a fara da 1, a yi ta tafiya ba yankewa har manazarta da rataye. Shi ke nan. Amma ka zo ka ga yadda wannan 'yar ƙa'ida ke sa mai neman digiri na biyu ya dafe kai yana salati.

Mu kuwa ba ma rasa dabara. Mafi tsufa ita ce raba kundin gida biyu, shafukan farko fayil guda, sauran aikin fayil guda. Wannan ma da sauƙi. Masu zurfafawa sukan yi wa kowane babi nasa fayil, su duba inda na ɗaya ya tsaya, su umarci na biyu ya ɗora daga nan. Komai lafiya lau, har ranar da Dakta zai ja jan biro a kan shafi biyu na bitar ayyukan da suka gabata ya ce a cire. Daga nan babi na uku da na huɗu da na biyar duk sun zama maƙaryata, ƙunshiya ma ta bi sahu. Sai a sake bi ɗaya bayan ɗaya, a adana da sabon suna. Shi ya sa in ka buɗe filash ɗin ɗalibi za ka tarar da "na ƙarshe", da "na ƙarshe gyararre", da "na ƙarshen ƙarshe", da "wannan ne in sha Allahu", kuma shi kansa mai shi bai san wanne aka kai wa malam ba.

Akwai masu cewa su ba ruwansu da wahala, da hannu za su rubuta. Mutum ya shiga gindin shafi na bakwai ya buga 7, ya ɗaga kai yana murmushi, ya gangara ya ga shafi na takwas 7, na tara 7, har ƙarshen aiki 7. Bai san gindin shafi abu guda ne da ake maimaita wa dukkan shafukan ba. Lambar da ke canzawa da kanta ba rubutu ba ce irin wanda yatsa ke bugawa, umarni ne da aka dasa wa kwamfuta cewa ta ƙirga ta rubuta. Wasu da suka gane haka sai su bar gindin shafin, su riƙa rubuta lambar a layin ƙarshe na kowane shafi. Ƙara kalma uku a sama, sai ka ga 12 ta sauko saman shafi na 13 ta zauna daram.

Sai manyan gwanaye. Akwai mai zana farin akwati ya rufe lambar shafin take, a ce ta ɓace. Akwai mai goge ta da farin ruwan gyara bayan an buga. Akwai mai yanko lamba da reza daga wata takarda, ya liƙa da gam, ya yi fotokwafi don kada a ga tabon. Wanda ya fi ba ni sha'awa shi ne mai buga kundin ba lamba ko ɗaya, sannan ya buɗe fayil na fararen shafuka masu lamba kawai, ya mayar da takardun cikin firinta a karo na biyu. Basirar da ke cikin wannan aiki, wallahi, ta ninka wadda ake bukata a koyi hanyar gaskiya. Sai dai in firinta ta ja takarda biyu a haɗe, to daga nan zuwa ƙarshe an tafi a karkace.

Duk wannan wasa ne a kan abin da ke faruwa a babi na huɗu. A nan ne ake samun jadawali mai faɗi wanda ba ya shiga shafi a tsaye, dole a kwantar da shafin. Ana kwantarwa sai ɗaliba ta taso a firgice:

"Yaya, don Allah zo ka gani. Daga 46 ya koma 1. Ga shi bayan jadawalin ma ya sake komawa 1."

"To, Hajiya, ba ke kika taɓa wani abu ba?"

"Ni wallahi ban taɓa komai ba."

Na kusa ya leƙo ya ce bairos ne. Wani ya ce ɗaukewar wutar ɗazu ce. Mai ɗinke kundi, wanda bai taɓa zama gaban kwamfuta ba, ya yanke hukunci cewa Word ɗin shagon jabu ne. Ba ko ɗaya a ciki, kuma gaskiyarta ba ta taɓa komai ba.

Ga yadda abin yake. Word na ɗaukar kundi kamar babban gida mai sassa, kowane sashe da tukunyarsa da dokarsa. Girman takarda, tsayuwa ko kwanciyar shafi, faɗin gefe, irin lambar da za a sa, da inda ƙirga zai fara, duk kowane sashe da nasa. Lokacin da aka raba shafukan farko da babi na ɗaya, an ba wannan sashe na biyu umarni ya fara daga 1, kuma daidai ne. To shafi ɗaya ba ya kwanciya a tsakiyar tsayayyu sai an kewaye shi da shinge biyu, ɗaya gabansa ɗaya bayansa. Ko kai ka sa su, ko Word ya sa maka ba tare da ya yi shawara da kai ba. Sashe guda ya zama uku ke nan, kuma kowane sabo yana fitowa ne da dukkan umarnin wanda aka yanko shi daga jikinsa, har da na "fara daga 1". Kwamfutar ba ta rikice ba. Biyayya take yi sau uku ga maganar da aka faɗa mata sau ɗaya.

Maganin bai kai minti biyu ba. Ka je shafin da lamba ta koma baya, ka danna gindinsa sau biyu da linzami. Zai buɗe, har ka ga an rubuta sashe na nawa kake. A sama ka nemi Page Number, ka sauko kan Format Page Numbers. Ɗan akwati zai fito, a ƙasansa zaɓi biyu ne kacal: Continue from previous section, wato ɗora daga inda na baya ya tsaya, da Start at, wato fara daga lamba kaza. Ka zaɓi na farko. Ka wuce sashe na gaba ka yi haka, har su ƙare, domin gyaran wani sashe ba ya wadatar da maƙwabcinsa. A kundi gaba ɗaya wuri guda ne ya cancanci a ce masa ya fara daga 1, shi ne farkon babi na ɗaya. A saman wannan akwatin ne kuma ake zaɓar i, ii, iii ga sashen farko. 'Yan'uwanmu na Nijar, da nasu Word ɗin ke magana da Faransanci, akwatin nan ne dai, zaɓin ma biyun ne a wuri guda.

Amma mu ba nan muke nufa ba. Kowa a layin nan ya ji labarin Link to Previous, don haka da lamba ta yi gardama sai a kunna shi, a kashe, a sake kunnawa. Shi ba ruwansa da ƙirga. Aikinsa kawai ya ce ko goshin shafi da gindinsa na wannan sashe za su kwafi abin da ke na baya ko za su ci gashin kansu. Amfaninsa shi ne in kana son share lamba a wani sashe ba tare da ta ɓace a sauran ba, sai ka fara yanke wannan igiya. Ka yini kana danna shi, 1 tana nan a matsayin 1.

In abin ya ishe mu kuma sai mu kai hannu ga shingen da kansa mu goge. A nan ake zuwa neman gira a rasa ido. Shi shingen a cikinsa ake ajiye tsarin rubutun da ke samansa. Ka goge shi, na saman ya rasa nasa, ya ɗauki na ƙasa. Ta haka babi uku da rabi ke kwanciya gaba ɗaya saboda jadawali guda, ko sadaukarwa ta wayi gari da lamba irin ta babi na ɗaya. In haka ta same ka, kada ka adana, ka danna Ctrl da Z tun kafin zufa ta karyo.

Rabin wahalar ma don ba ma ganin shingayen ne. Ctrl da Shift da 8 a tare suna tona duk abin da ke ɓoye, kuma ranar da ka fara danna su a kan kundin ɗalibi za ka ga ikon Allah. Ga shinge sama da goma a aikin da huɗu suka isa. Ga jerin alamun Enter sun cika rabin shafi, domin haka muke tura sabon babi zuwa sabon shafi, muna danna Enter kamar masu jan carbi, alhali Ctrl da Enter sau ɗaya sun gama aikin ba tare da sun buɗe sabon sashe ba. A nan ne ma za ka gane dalilin da lamba ke tsallake daga 11 zuwa 13: wani ya zaɓi shingen Odd Page, mai tilasta wa sabon sashe farawa a lamba mara, maimakon Next Page. In kuma shafin farko na kowane sashe ne ke fitowa tsirara ba lamba, to Different First Page da aka kunna don ɓoye lambar shafin take ne ya bi sauran sassan, sai a bi a kashe shi a inda ba a bukatarsa.

Ni abin da ke ba ni dariya, wannan matsala ta jeranta shafuka ba baƙuwa ba ce a ƙasar nan. Alarammominmu da ke rubuta Alƙur'ani da hannu ba sa ɗinke shi, warƙa-warƙa yake zama a cikin gafaka. Marubutan zamanin da sukan sa kalmar farko ta warƙa mai zuwa a ƙasan wadda ta gabace ta, ta yadda ko iska ta watsa takardun, mai karatu zai mayar da kowace mazauninta. Ba lamba, ba lantarki. Jikokinsu ga mu nan da manhajar da ta fito tun 1983, muna yanka takarda da reza.

Ko an daidaita komai, akwai sauran rina a kaba wurin bugawa. Ɗalibi ya shirya aiki a kwamfutarsa a kan takardar Letter ta Amurka, mu kuma A4 muke sa wa firinta, wadda ta ɗan fi ta tsawo ta kuma ɗan fi ta matsi. Ko ya gyara wani abu a waya da WPS a cikin adaidaita sahu. Ko ya yi amfani da salon haruffan da babu su a kwamfutar shago. Layuka su gusa, shafuka su ƙaru ko su ragu, ƙunshiyar da aka buga da hannu da ɗige-ɗige har gefen takarda ta ce babi na uku na shafi na 28, a buɗe a tarar da shi a 30. Mai jarrabawa na waje kuwa ƙunshiya yake fara dubawa, ya ɗauki lamba guda ya buɗe. Sai a ji, "Ranka ya daɗe, daga wurin masu bugawa ne." Kullum daga wurinmu ne. Ƙunshiyar da Word ya haɗa da kansa daga kanun babi, danna F9 kawai take jira ta gyara lambobinta. Kundin da aka mayar PDF kafin a baro gida kuma ba ya motsi a kwamfutar kowa.

Har wurin sake buga shafi ɗaya sassa na da ta cewa. Kundi mai iii da 3, in ka rubuta wa firinta 3 kawai ba lallai ta ba ka wanda kake nufi ba, kuma takardar da ta fito an riga an ci kuɗinta. Ka rubuta p3s2, wato shafi na 3 a sashe na 2, ba za a yi musu ba.

Ɗalibai dai na da uzuri, don an ba su ƙa'ida a rubuce amma da wuya ka ji wanda aka zaunar aka nuna masa yadda ake cika ta. Mu da muke cin abinci da sana'ar ne ba mu da shi. Saboda haka ƙannena 'yan ajin ƙarshe, ku zo da kundinku fayil ɗaya, a kan A4, da PDF ɗinsa a gefe. Ku kuma abokan sana'a, duk wanda ya ɗauki yaro koyon aiki a bana, ya nuna masa wannan ɗan akwati mai zaɓi biyu kafin ya koya masa tayar da janareta.