Ranar da Na Daka Yaji a Mosko

A unguwar Cheryomushki ta Mosko na kama hayar ɗaki ina ɗalibi, cikin gidajen kankaren nan da gwamnatin Khrushchev ta fara zubawa a ƙarshen shekarun 1950. Hawa biyar ne cif, babu lif, domin dokar gini ba ta wajabta lif sai bene ya haura haka. Kicin bai wuce murabba'in mita 6 ba. Bango kuwa, in maƙwabci ya yi atishawa, kai ne za ka fara yi masa addu'a kafin matarsa.

Da hunturu ya kankama, sai kewar gida ta taso mini. Na ciro ɗan turmin da Inna ta cusa mini a jaka, na zuba barkono da citta da ƙuli-ƙuli, na hau daka bayan isha'i. Can sai bututun ɗumama ɗaki ya ce ƙwan! ƙwan! Na ce to, ƙarfen zamanin Tarayyar Sobiyat ya fara ciwon tsufa. Na ɗan bubbuga shi da taɓarya don ya dawo hayyacinsa. Ya rama. Na ƙara masa.

Ashe bututun nan guda ne, ya ratso kowane hawa tun daga ƙasa har sama, kuma da shi ake ce wa mai surutu ya shiga taitayinsa. Kafin ka ce kwabo gida ya ɗauka, wani da cokali, wani da guduma. Barkonon kuma ya bi ramin iska, tari ya ɓarke a hawa biyar.

Aka ƙwanƙwasa ƙofa. Tsohuwar hawan ƙarshe ce, shugabar masu zaman benci a bakin shiga, waɗanda suka fi 'yan sanda sanin wa ya shigo da wa.

"Ɗana, rushe gidan kake yi?"

"A'a, Kaka, yaji nake dakawa."

Ta lakata, ta ɗanɗana, ta yi hawaye, ta sake lakata. Nan take ta yanke hukunci: daka sai da rana, a tsakar gida, cikin dusar ƙanƙara. Rabin yajin ta tafi da shi a matsayin tara. Buhun dankalinta kuma, daga ranar har na gama digiri, a wuyana yake hawa bene.