Ka'idojin Naɗa Magajin Shago a Unguwar Madaki

A unguwar Madaki ta birnin Gombe ba a buɗe takarar gadon shagon Alhaji sai ranar sadakar uku, domin tayar da maganar tun maigida yana da rai daidai yake da yi masa fatan mutuwa, kuma duk ɗan da ya kuskura ya tambayi inda littafin bashi yake, ya fitar da kansa daga sahu.

Ginshiƙin zaɓen shi ne 'yan ubanci, wato gasar da ke tsakanin 'ya'yan uba ɗaya waɗanda ɗakunan iyayensu mata suka bambanta. Ɗakin uwargida yakan tsayar da Yaya Babba, wanda babbar shaidar ƙwarewarsa ita ce ya riga kowa zuwa duniya, yayin da ɗakin amarya yake gabatar da mai digiri daga Jami'ar Jihar Gombe, wanda bai taɓa ɗinke bakin buhu a kasuwar Tudun Hatsi ba, amma ya ƙudura niyyar shigar da masara da wake cikin kwamfuta. A daidai wannan lokaci ne surukai maza, waɗanda a da ba su wuce gaisuwa a zaure, suke wayar gari malaman fara'id, wato ilimin rabon gado, har suna iya lissafa sumuni, kashi ɗaya cikin takwas na matan mamaci, ba tare da alƙalami ba.

Kowane ɓangare yana kafa hujja da gidan Alhassan Ɗantata na Kano, inda bayan rasuwarsa a 1955 ɗansa Ahmadu ya riƙe kamfaninsa, sannan ɗan'uwansa Aminu ya karɓa a 1960, sai dai kowa kansa yake gani a matsayin Aminu, ba a taɓa samun mai neman matsayin sauran 'yan'uwan da suka haƙura ba.

Kafin kawunnai su gama zaman sulhu, shagon yana ɗauke da kwaɗo biyu, kowane ɗaki da nasa, yaron shago kuwa, wanda ya shekara ashirin yana auna hatsi, ya san kowane mai bashi da ƙauyensu, amma ba a gayyace shi zaman ba tunda ba jini ba ne, ya kama rumfa a tsallaken titi, masu sari daga Kumo da Dukku har sun fara kiransa Alhaji.