Yadda Ake Tsare Makaranta Daga Ɗalibanta a Kerala

A jihar Kerala da ke kudancin Indiya, idan ɗalibai suka tsayar wa shugaban makaranta da karatu, doka ta tanadar masa hanya. Zai ɗauki lauya, ya nufi babbar kotun jihar a birnin Kochi, ya roƙi a umarci 'yan sanda su ba makarantarsa kariya. Sau da yawa kotu takan amince. Sai ya dawo da takarda mai hatimi, ya kai kwafi ofishin 'yan sanda, ya adana ɗaya a durowa.

Ranar yaji 'yan sanda su iso da kakinsu da kulkinsu, kuma a nan aikin yake ɗaurewa. Ɗan sanda ya saba tsare gida daga ɓarawo. Wannan karon wanda za a tsare makarantar daga gare shi yana sanye da kayan makarantar, katin shaida na rataye a wuyansa, sunansa na cikin rajista, ubansa ya biya kuɗin zango. Ba a hana shi shiga, domin ɗan gida ne. To sai jami'i ya samu inuwa ya tsaya yana gadin ƙofa, ɗalibai masu tutocin ƙungiya kuma suna bi aji-aji suna fito da yara. Kafin azahar ƙofa na nan lafiya lau, ko fentinta bai goge ba. Karatu ne kawai ba a yi ba. Wannan shi ne kukan da masu makarantu suka daɗe suna kai wa alƙalai.

Sai shugaban makaranta ya buɗe durowa, ya koma Kochi da ƙara ta biyu: an raina kotu. Wanda ake ƙara yanzu shi ne ɗan sandan da aka turo ya yi gadi.

Dokar raina kotu ta Indiya ta 1971 ce. Ta ce wanda ya ƙi bin umarnin kotu da gangan ana iya ɗaure shi har wata 6, ko a ci shi tarar da ba ta wuce rufi 2,000 ba, ko a haɗa masa duka. Tarar tana nan yadda aka rubuta ta tun wancan lokaci, yau ba ta kai dala 30 ba. Kalmar da lauyoyi ke cin abinci a kanta ita ce “da gangan”. Jami'i zai rubuto cewa ya je, ya tsaya, bai ga an fasa kan kowa ba. Idan alƙali ya tsananta, dokar ta yarda mutum ya nemi afuwa a sallame shi, muddin kotu ta gamsu da tubansa.

Abin da ke riƙe ƙafar ɗan sandan ba ɓoyayye ba ne. Ƙungiyar ɗalibai ta SFI ta jam'iyyar Kwaminis ce, KSU kuma ta jam'iyyar Congress, kuma ɓangarorin nan biyu su suka daɗe suna karɓa-karɓar mulkin jihar. A 1958 ɗalibai suka yi yaji a yankin Kuttanad saboda an ƙara musu kuɗin jirgin ruwa daga ana ɗaya, ɗan ƙaramin kwabon lokacin. Daga ƙungiyar da ta ja wannan yaji aka samu A.K. Antony da Oommen Chandy, kowannensu ya zama babban ministan Kerala. Pinarayi Vijayan, wanda shi ma ya riƙe wannan muƙami, daga siyasar ɗalibai ya taso. Ɗan sanda ya san wannan tarihi, kuma idan ya dubi yaron da ke riƙe da tuta yakan hango maigidansa na gobe.

Kotu ba ta gaji ba. A Oktoban 2017, a wata ƙarar raina kotu da ta taso daga wata kwaleji a garin Ponnani, alƙalai suka ce zaman dirshan da yajin cin abinci ba su da gurbi a harabar makaranta. A Fabrairun 2020 kotun ta sake haramta duk yaji da jerin gwanon da ke katse darasi. Ina goyon bayan ɗalibi ya yi magana idan an zalunce shi, amma a nan ina tare da alƙalan, saboda wadda ke biyan kuɗin wannan zagaye ba ta cikin masu ƙara, ba ta cikin waɗanda ake ƙara.

Yarinya ce 'yar aji goma, wadda jarrabawar kammalawa ke jiranta a watan Maris. Ta tashi da asuba, ta hau bas, uwarta ta zuba mata shinkafa a kwanon tafiya makaranta. Ƙarfe 11 ta wuce ta gaban ɗan sandan da ke gadin ƙofa, ta koma gida, ta ci shinkafar a tsakar gida.